Kalandar duniyar da babu ita: yaya ake sa lissafin wata da na rana su tafi tare?

Idan marubuci ya ƙirƙiri wata duniya can a sararin samaniya, da ranarta daban da watanninta daban, da wace kalanda mutanen cikinta za su riƙa ƙirga kwanaki? Tambayar kamar ta marasa aikin yi, amma tun da matasanmu masu rubuta littafi a waya suka fara kutsawa labaran kimiyya take ta dawowa, don za ka ga labari ya yi daɗi, an kai ka duniya mai wata biyu a sama da mutane masu ido huɗu, kawai sai ka ji jarumar ta ce za a ɗaura aurenta ranar Asabar 12 ga Disamba. Disambar ina? Wasu da suka gane da matsala sai su ce to a ba su watannin Musulunci mana, su ma dai ba su tsira ba, Rajab da Sha'aban ai da watanmu na nan ake ƙirga su, shi kuwa bai bi ku can ba.

Ruɗanin ya samo asali ne daga cewa yawancinmu kalanda iri biyu muka sani, ta Hijira mai bin wata da ta Miladiyya mai bin rana, sai muke ɗauka ko wannan ko waccan, shi ke nan. Alhali akwai ta uku da ta haɗa biyun, kuma tsohuwa ce tukuf, da ita mutanen Babila suka yi zamaninsu, da ita Yahudawa da 'yan China suke tsayar da ranakun bukukuwansu har gobe. Ita za mu warware, sannan mu gina wa wata ƙirƙirarriyar duniya tata daga tushe, mu ga ta inda rigima za ta ɓullo.

Abu uku da ba sa ga maciji da juna

Duk wata kalanda abu uku take ƙoƙarin sasantawa. Akwai kwana, wato juyin da duniya take yi a kan kanta, daga fitowar rana zuwa wata fitowar. Akwai wata, daga tsayuwar jinjiri zuwa tsayuwar na gaba. Sai shekara, zagayen da duniya take yi wa rana, ko a ce daga damina zuwa damina. Matsalar ita ce babu igiyar da ta ɗaure ɗaya da ɗaya, kowanne gudunsa yake yi. A nan wajenmu wata kwana 29.53 ne, shekarar rana kuma kwana 365.2422, idan ka jera wata 12 za ka samu kwana 354 da ɗan ɗoriya, saura kusan kwana 11 kafin ka kamo rana. Wannan kwana 11 ɗin shi ne tushen duk wani ciwon kai na kalanda a tarihin ɗan Adam.

Akwai wani tarko da masu rubutu suke yawan faɗawa. Watanmu yana gama zagaye duniya a kwana 27.3, amma ba ya dawowa jinjiri sai kwana 29 da rabi, saboda kafin ya gama zagayen ita ma duniyar ta matsa gaba a hanyarta, dole ya ƙara tafiyar kwana biyu da wani abu kafin ya sake shiga tsakaninmu da rana. Mutanen da ke tsaye a ƙasa suna ɗaga kai na biyun suke gani, don haka shi ne na kalanda.

Kuma kar wani ya ɗauka lambobin nan namu dole ne a ko'ina. A duniyar Mars kwana ɗaya awa 24 ne da minti 39 da 'yan daƙiƙu, shekararta kwana 687 namu, watanninta biyu kuwa, Phobos da Deimos, ƙanana ne masu gudun tsiya, shi Phobos cikin awa 7 da minti 39 ya gama zagaye, daga yamma ma yake fitowa ya faɗi a gabas, babu mai iya kafa wata a kansa. Shi ya sa da wani injiniya Ba'amurke mai suna Thomas Gangale ya tsara wa Mars kalanda a 1985 sai kawai ya yanka shekarar gida 24 ya kira su watanni, ba ruwansu da abin da ke sama. A Venus juyi ɗaya a kan kanta yana cin kwana 243 namu, shekararta kuma 225. Ita kuwa TRAPPIST-1e, ɗaya daga cikin duniyoyi bakwai da aka sanar da cikarsu a 2017 suna zagaye wani ɗan ƙaramin tauraro, shekararta duka-duka kwana shida ne namu da 'yan awoyi, ka yi bikin sabuwar shekara yau, kafin Juma'a ta zagayo an sake wani.

Hanyoyin da mutane suka bi

Hanya ta farko, ka riƙe wata ka saki rana. Ita ce ta Hijira, wata 12 ba ƙari ba ragi, shi ya sa azumi yake yawo, a 2015 tsakiyar Yuni muka ɗauka ana cikin damina, a 2025 kuma farkon Maris, kuma bisa lissafi a 2030 Ramadan zai zo sau biyu, ɗaya a Janairu ɗaya a ƙarshen Disamba. Cikin shekara 33 ko kusa da haka ya zagaye hunturu da bazara da damina da kaka ya dawo inda ya taso.

Ta biyu, ka riƙe rana ka saki wata. Janairu da Fabrairu sunan wata kawai suke amsawa, jinjiri yana iya tsayawa ran 3 ko ran 20 ba abin da ya dame su. Habasha ma haka suke, wata 12 masu kwana 30 cif, sai ɗan guntun Pagume mai kwana 5 ko 6 a ƙarshe.

Ta uku ita ce ta masu cewa duka biyun muke so. Kowane wata da jinjiri zai fara, amma kwanakin da suke raguwa duk shekara ba za a bar su su zube ba, tara su za a riƙa yi kamar adashi, ranar da zubi ya kai wata guda sai a kwashe a sa shi cikin shekarar, ta zama mai wata 13. Mutanen zamanin da sun lura cewa shekara 19 ta rana kusan daidai take da wata 235, bambancin bai wuce awa biyu da wani abu ba, ke nan cikin kowace shekara 19 sai an ƙara wata bakwai. Ana danganta lissafin ga Meton na birnin Atina wajen shekara ta 432 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), duk da cewa Babila ma sun san shi. Yahudawa suna maimaita watan Adar a shekara ta 3, 6, 8, 11, 14, 17 da 19. 'Yan China nasu tsarin daban ne, watan ƙarin yana iya faɗowa a wurare dabam-dabam, a 2023 wata na biyu aka maimaita, a 2025 na shida, shi ya sa sabuwar shekararsu take kai-komo tsakanin 21 ga Janairu da 20 ga Fabrairu amma ba ta taɓa tsallake nan.

To mu gina tamu

Mu sa wa duniyar suna Barkuma. Duk lambobin da za su biyo baya ni na zaɓe su, na kuma zaɓi masu sauƙin lissafi da gangan. Kwana ɗaya a Barkuma awa 30 ne namu. Shekararta kwana 415 da rabi nasu. Tana ɗan karkace kamar yadda tamu take karkace da digiri 23 da wani abu, kuma wannan karkatar ita ke kawo damina da rani, ba kusanci ko nisa da rana ba, mu nan ai a farkon Janairu muka fi kusa da rana, lokacin da ake rawar ɗari a Kano. In duniyarka a miƙe take sak babu karkata kuma zagayenta bai yi ƙwai ba, to babu damina babu rani, mutanenka ma da wuya su damu da shekara, wata kawai za su bi su huta.

Wata biyu gare su. Babban suna ce masa Inna, daga jinjiri zuwa jinjiri kwana 44 da rabi. Ƙaramin suna ce masa Auta, shi kwana 10.

Yanzu raba 415 da rabi gida 44 da rabi, za ka samu tara da ragowa. Ke nan shekarar Barkuma wata tara ce, ba 12 ba. Wata tara kwana 400 da rabi ne, giɓin da ya rage kwana 15 duk shekara. Tun da ba a yin rabin kwana a kalanda, sai watannin su riƙa karɓa-karɓa, wannan 45 na gaba 44, kamar yadda namu yake yin 30 ko 29. In suka bar abin haka ba gyara, bikin girbinsu zai riƙa ja da baya kwana 15 duk shekara, cikin shekara 28 bai cika ba ya zagaye ya dawo, wata shekarar a yi bikin cika rumbu alhali ko shuka ba a yi ba.

Amma duba ikon Allah a lissafin, 15 sau uku 45, wata ɗaya kuma 44 da rabi. Don haka duk shekara ta uku sai a ƙara wata na goma, mu ce suna kiransa watan gyara. Shekarar farko kwana 401, ta biyu 400, ta uku 445, jimla 1,246. Ita kuma rana a shekara ukun nan ta yi 1,246 da rabi. Rabin kwana kacal ya rage. Ka riƙe wannan rabin kwanan a ranka, zai dawo mana da fitina.

Wani abu kuma, wanda ya ce maka shekararsa 20 a Barkuma, a lissafinmu ya haura 28. Marubucin da ya aurar da jarumarsa tana 'yar 18 a can ya sani cewa a nan ta ba 25 baya.

Auta kuma fa?

Shi ba a kafa shekara a kansa, ya yi gudu da yawa, amma ya dace da mako. Kwana bakwai ba wani abu ne da sama ta tilasta ba, Ibo makonsu na gargajiya kwana huɗu ne, Eke, Orie, Afo da Nkwo, Faransa ma bayan juyin juya hali ta gwada mako mai kwana goma na 'yan shekaru kafin ta watsar. To a Barkuma kasuwa Auta take bi, duk daren da ya cika washegari babbar kasuwa ta ci, mata ba sa buƙatar tambayar kowa, leƙa tsakar gida kawai za su yi.

Makon Auta ba ya shiga daidai cikin watan Inna, kuma ba sai an tilasta masa ba, mu ma Juma'a ba ta damu da ko nawa ga wata ba. Sai dai duk kwana 890, wato wata 20 na Inna, mako 89 na Auta, su biyun suke ɓacewa a dare ɗaya. Duhu ƙirin, taurarin da ba a saba gani ba duk su fito, tekun kuma ya yi tumbatsar da ta fi ta kullum saboda rana da watannin biyu sun ja ruwan ta layi guda, masunta tun da la'asar sun janye jiragensu can saman tudu sun ɗaure. Ga biki ko camfi ya samu kyauta, kuma tun da kwana 890 shekara biyu ne da kwana 59, ba ya taɓa faɗowa a lokaci ɗaya na shekara sau biyu a jere.

Wa yake da ikon cewa a ƙara watan?

Nan ne ainihin labarin yake, lissafin kam ɗan aji uku na sakandare zai yi shi. Mutanen Barkuma ba da kalkuleta aka haife su ba, sai sun yi ɗaruruwan shekaru suna kallon sama kafin su gano ƙa'idar shekara uku, kafin nan wani ne zai riƙa fitowa ya ce bana akwai watan gyara ko babu. Kuma duk wanda aka ba wannan ikon an ba shi wuƙa da nama.

Ba hasashe ba ne, an yi a nan. Akwai wasiƙar Hammurabi sarkin Babila da ya ba da umarni a maimaita watan Ululu saboda shekara ta gaza, amma ya ƙara da cewa harajin da ya kamata a kawo a wata mai zuwa a kawo shi cikin watan da aka ƙara ɗin, wato kalanda ta jira amma baitulmali ba zai jira ba. A tsohuwar Rum malaman addininsu ne suke da ikon cusa watan ƙari, sai suka mai da shi abin siyasa, in nasu ne a kan kujera a tsawaita shekara, in abokin hamayya ne a yi shiru, har kalanda ta kauce wa yanayi da kusan wata uku, sai da Julius Kaisar ya ja shekara ta 46 kafin haihuwar Annabi Isa (AS) ta kai kwana 445 kafin abu ya daidaita. Larabawan jahiliyya su ma suna jinkirta watanni masu alfarma su matsar da su yadda ya yi musu daɗi, shi ne nasi'u da aya ta 37 a Suratut Tauba ta haramta, bayan aya ta 36 ta tabbatar da cewa watanni 12 ne. Dalilin da ya sa kalandarmu ta Musulunci ba ta da watan ƙari ke nan, kuma wannan maganar a rufe take, mu nan ta mutanen Barkuma muke yi.

To su za su rabu aƙalla gida uku. Akwai 'yan gani da ido, masu cewa ba a shiga sabon wata sai shaidu sun ga jinjirin Inna, ba a ƙara watan gyara sai dattawa sun fita gona sun ga amfani bai nuna ba. Hujjarsu mai ƙarfi ce, ido ba ya tara kuskure, in ka yi kuskure bana baɗi sama za ta gyara maka. Rauninsu hadari da ƙura, da kuma nisa, kafin ɗan aike ya kai labari ƙauyen da ke bayan dutse an yi kwana huɗu, wanda duk ya taɓa zaman jiran sanarwar fadar Sarkin Musulmi a daren 29 ga Sha'aban ya san yadda abin yake ko da akwai rediyo da waya. Akwai 'yan lissafi, fatake da masu ba da bashi da ma'aikatan fada, su so suke a rubuta jadawali a manna, mutum ya san ranar da zai karɓi kuɗinsa nan da shekara biyar. Sai na uku masu cewa a ma watsar da Inna gaba ɗaya a yanka shekara gida-gida daidai wa daida, waɗannan galibi masu biyan albashi ne, ba kuma don son kimiyya ba.

Ni dai in ni ke rubuta labarin, 'yan lissafi zan ba fada da kasuwa, 'yan ido in bar musu wuraren ibada da ƙauyuka, su yi ta saɓawa da kwana ɗaya ko biyu. Kalandar da kowa ya yarda da ita ɗari bisa ɗari ita ce ta fi kama da ƙarya a labari.

Abin da zai sami talakan Barkuma

Ɗauki ma'aikacin fada mai albashin wata. Shekara biyu yana karɓa sau tara, ta uku sau goma, shi kam farin ciki. Amma fada daga girbi take samun haraji, girbi kuma sau ɗaya ne ko shekara ta yi tsawo ko ta gajarta, ke nan duk shekara ta uku akwai albashin wata guda da ba shi da gona. Japan ta taɓa shiga wannan ramin. Gwamnatin sarkinsu Meiji ta koma biyan albashi wata-wata, sai ga shi 1873 za ta zo da wata 13 kuma aljihu ba nauyi, kwatsam a ƙarshen 1872 aka sanar da komawa kalandar Turawa, daga 2 ga wata na 12 aka wayi gari 1 ga Janairu 1873. Saudiyya ma a Oktoban 2016 ta mayar da biyan ma'aikatan gwamnati daga lissafin Hijira zuwa na Miladiyya, albashi 12 ne dai har yanzu, amma sai ka yi aikin ƙarin kwana 11 kafin ka cika su.

Ɗan haya shi kuma akasin haka. In kuɗin shekara ake biya, wanda ya kama ɗaki a shekarar gyara ya ci kwana 445 da kuɗin 400, mai gida ba zai yarda ba, zai ce watan gyara kuɗinsa daban, ga shari'a ta tashi a gaban mai unguwa. Mai bin bashi zai so a rubuta da watanni, wanda ake bi zai so a rubuta "bayan girbi". Yaron da aka haifa a watan gyara sai bayan shekara uku watan haihuwarsa yake dawowa, kuma tabbas za a samu tsofaffin da za su ce ba a aure a cikinsa don watan aro ne, wasu kuma su ce shi ne ma mai albarka tun da babu wani biki da ya riga ya cika shi.

Manomi kuwa, wanda saboda shi aka yi duk wannan wahalar, har yanzu kalandar ba ta gama biya masa buƙata ba. In ruwan farko ya sauka ran 1 ga watan farko a shekarar farko, a ta biyu sai wajen 15 ga wata, a ta uku wajen 31. Kuskuren wata guda a shuka ai asarar iri ce. Dole dai ya riƙe wani tauraro da fitowarsa da asuba take gaya masa damina ta ƙarato, kamar yadda manomanmu ba sa tambayar ko Rajab ne ko Shawwal kafin su ɗauki sungumi, kuma kamar yadda 'yan China suka ajiye wasu zanguna 24 na rana zalla a gefen watanninsu saboda aikin gona.

Rabin kwanan nan da muka ajiye

Duk shekara uku rabin kwana yana zubewa, kuma ba za a iya cusa kwana ɗaya a tsakani a huta ba, don da an yi haka 1 ga wata ta daina dacewa da jinjirin Inna, gyaran sai dai da cikakken wata. Mutum zai yi shekara 60 a duniya bambancin bai wuce kwana 10 ba, zai ɗauka damina ce take ɗan makara a zamanin nan. Sai an yi zagaye 89, wato shekara 267, kafin ya taru ya kai kwana 44 da rabi, a lokacin dole a ƙara wani watan gyara na musamman, a jera shekara biyu masu wata goma-goma.

Waɗanda suka kafa ƙa'idar sun daɗe a ƙasa, jadawalin "duk shekara uku" ya zama abin da aka gada kaka da kakanni, sai ga wasu masana sun zo suna cewa a karya shi. Da Paparoma Gregory na 13 ya gyara kalandar Turawa a 1582, aka kwana 4 ga Oktoba aka tashi 15, Ingila ba ta bi ba sai 1752, Rasha sai 1918, wasu coci-cocin ma har yau tsohon lissafi suke bi, shi ya sa Kirsimetinsu take faɗowa 7 ga Janairu. Wannan fa a kan kwana 10 zuwa 13 ne. A Barkuma wata guda cur ake magana, masarautar gabas ta karɓi gyaran ta yamma ta ce bidi'a ce, jinjiri ɗaya suke gani a dare ɗaya amma wannan ya ce na watan gyara ne wancan ya ce na sabuwar shekara ne, falken da ya ci bashi a gabas ya yi alkawarin biya a watan farko sai ya haye kogi ya zauna a yamma, a can wa'adinsa ya riga ya cika, a inda ya ci bashin kuma saura kwana 44, kowane alƙali da kalandar da ke rataye a zaurensa zai yanke hukunci.